Martin Atkins: Matsayin Makaɗi a Zamanin Na'ura

Gabatarwa

A kiɗan rok na Turai da Amurka, mai ganga ne ke zama can ƙurya a bayan dandamali, kuma a rabon kuɗi ma nan ne mazauninsa. Dokar haƙƙin mallaka ta fi kula da wanda ya tsara baitoci da karin waƙa, shi kuwa mai riƙe da bugun sau da yawa ladan aikinsa kawai ake biyan sa. Daga farkon shekarun 1980 sai ga wata barazana ta ƙaru: na'urorin kiɗa irin su Roland TR-808 da LinnDrum, waɗanda ba sa gajiya, ba sa kuskure, ba sa neman kaso. Wannan nazari ya bi rayuwar Martin Atkins, Baturen Ingila da aka haifa a Coventry ranar 3 ga Agusta, 1959, don ganin yadda makaɗi ɗaya ya tunkari waɗannan matsaloli biyu a cikin salon post-punk da na industrial.

Ganga a gaban sahu

Bayan watsewar ƙungiyar Sex Pistols a Janairun 1978, mawaƙinta John Lydon ya kafa Public Image Ltd, wadda aka fi sani da PiL, tare da Keith Levene mai jita da Jah Wobble mai jitar bes. Salon punk gajeru ne waƙoƙinsa, masu sauri da hayaniya. Post-punk da ya biyo baya ya riƙe tawayen, amma ya aro zurfin sautin dub na Jamaika da maimaicin ƙungiyoyin Jamus irin su Can. A wannan tsari nauyin waƙa yana kan bes da ganga ne, jita kuwa ta koma kayan ado.

Makaɗa da dama sun shiga PiL sun fita kafin Atkins ya iso a 1979, yana ɗan shekara 20. A faifan Metal Box na wannan shekarar waƙa ɗaya tak ya kaɗa, wato "Bad Baby". A 1980 ya bar ƙungiyar, haka ma Wobble. Tafiyar mai bes ta bar babban giɓi, kuma yadda aka cike shi ne ya fito da sunan Atkins. Da aka zo ɗaukar faifan The Flowers of Romance, wanda ya fito a 1981, sai aka kirawo shi ya kaɗa wasu waƙoƙi, ciki har da "Four Enclosed Walls" da "Under the House" da "Banging the Door".

Abin da ya bambanta faifan shi ne an kusa tsiraita waƙoƙin daga komai, ban da murya da ganga. A situdiyon Townhouse na Landan, injiniya Nick Launay ya ɗauki bugun tare da amsa-kuwwar ɗakin, har kowane duka ya riƙa faɗowa da nauyi kamar ana rushe gini. A farkon "Four Enclosed Walls" akwai wani sauti mai kama da kukan gyare, wanda aka samo ta hanyar ɗora agogon Atkins a kan fatar ganga aka ƙara masa ƙarfi. Ganga a nan ta daina aikin ƙidaya lokaci kawai. Ita ce ginshiƙin waƙar, ita ce kuma mai saita yanayinta.

Duk da haka matsayinsa bai canza ba. Ya dawo PiL a 1982, yana cikinta lokacin da "This Is Not a Love Song" ta kai mataki na 5 a jadawalin Birtaniya a 1983, ya kuma sa hannu wajen shirya faifan ƙungiyar na 1984, sannan ya fita a 1985. Ƙungiyar ta Lydon ce, kuma ta ci gaba da wasu makaɗan.

Hannu da na'ura

Kiɗan industrial ya samo asali ne daga ƙungiyoyi irin su Throbbing Gristle a Ingila, waɗanda suka mai da ƙarar inji da amon ƙarafa kayan kiɗa. A Chicago, inda kamfanin Wax Trax! ya zama cibiyarsa, an gauraya shi da kiɗan rawa da kaushin jitar metal. Galibin wannan kiɗa na'ura ce ke buga shi a situdiyo. To ina amfanin mutum mai sanduna biyu?

Amsar ta bayyana a kan dandamali. A rangadin 1989 zuwa 1990, ƙungiyar Ministry ta Al Jourgensen ta fito da makaɗa biyu, Atkins da Bill Rieflin, suna kaɗawa a bayan shingen waya. Na'ura tana ba da daidaito, amma ba ta gumi, kuma ɗan kallo da ya sayi tikiti yana son ganin jiki yana wahala a kan abin da kunnensa ke ji. Makaɗan nan sun koyi maimaita bugu ɗaya na tsawon lokaci ba tare da kauce wa ƙa'ida ba, sannan suka ƙara abin da na'urar lokacin ba ta iya ba: bambancin nauyin hannu daga duka zuwa duka. Mai bin waƙoƙin Hausa na zamani zai gane wannan, domin fiyanon situdiyo ya karɓe aikin makaɗa da yawa, amma a filin dambe ko gidan biki har gobe ana neman mai kalangu.

Da wannan salo Atkins ya kaɗa wa ƙungiyar Killing Joke a faifansu na 1990, Extremities, Dirt and Various Repressed Emotions, ya kuma ƙara ganguna a waƙar "Wish" ta ƙungiyar Nine Inch Nails a 1992.

Daga ɗan haya zuwa mai gida

Mataki mafi muhimmanci a rayuwarsa ba a kan ganga ya auku ba. A 1988 ya kafa kamfanin faifai mai suna Invisible Records, wanda ya yi zamansa a Chicago. Bayan rangadin Ministry, shi da Rieflin suka kafa Pigface a 1990. Faifansu na farko, Gub, ya fito a 1991, injiniya Steve Albini ne ya ɗauke shi, Trent Reznor na Nine Inch Nails kuma ya rera waƙar "Suck" a ciki.

Tsarin Pigface ya juya al'adar rok. A ƙa'ida mawaƙi ne dindindin, makaɗa ke sauyawa. A nan makaɗi ne ya zauna daram, mawaƙa da masu jita suka riƙa shiga suna fita, har waɗanda suka ratsa ta cikinta suka haura ɗari. Tsarin yana da aibinsa. Ƙungiyar da ba ta da tsayayyar murya ba ta cika samun tsayayyen kamanni ba, shi ya sa faya-fayan Pigface ba su yi tashen na Ministry ko Nine Inch Nails ba. Sai dai wannan karon sunan ƙungiya da kamfanin da ke fitar da faifai duk suna hannun mai ganga.

Abin da ya koya a hanya ya mai da shi ilimi. A 2007 ya wallafa Tour:Smart, littafi a kan dabarun rangadi: zaɓen garuruwa, lissafin mai da masauki, sayar da riguna da faya-fayai, karanta yarjejeniya kafin sa hannu. Ya koyar da harkar kasuwancin kiɗa a Kwalejin Columbia ta Chicago, daga baya kuma a Jami'ar Millikin da ke Decatur a jihar Illinois. A 2021 ya buɗe gidan tarihin post-punk da industrial a Chicago da kayan da ya tara cikin shekaru.

Kammalawa

Rayuwar Atkins ta nuna cewa daga cikin matsalolin biyu, ta na'ura ce mai sauƙi. Ya shawo kanta da gwaninta, ta hanyar ba masu sauraro abin da inji ba ya bayarwa. Ta rabon haƙƙi kuwa gwaninta ba ta warware ta ba, domin ko a faifan da gangarsa ta fi kowane sauti fitowa, baƙo ne aka gayyato. Abin da ya sauya lissafin shi ne mallaka: kamfani, ƙungiya, littafi, da kujerar koyarwa. Don haka mai nazarin tarihin makaɗa ba zai wadatu da sauraren faifai kaɗai ba, sai ya duba sunan wa ke kan takardar yarjejeniya.