René Gardi da Duwatsun Mandara: Abin da Kyamara Ta Ɗauka da Abin da Ta Bari

Jama'a, in ka taɓa bin hanyar Garwa zuwa Mokolo da kayanka, ko ka kora shanu ta gindin duwatsun da ke tsakanin Mubi da Kamaru, to ka taka ƙasar da wani Bature ya yi suna da ita. Sunansa René Gardi, mutumin ƙasar Suwizalan. An haife shi a birnin Bern a 1909, ya rasu a can a shekarar 2000. Da malamin makaranta ne, daga baya ya koma yawon duniya, yana rubutu, yana ɗaukar hoto da fim.

A farkon shekarun 1950 ya iso duwatsun Mandara, lokacin Faransa na mulkin Kamaru. Ya zauna cikin Mafa, waɗanda a wancan zamanin ake ce musu Matakam. Maƙera ne suka fi ɗaukar hankalinsa. Ka san yadda suke yi? Baƙin yashin nan mai nauyi da ruwa ke bari a rafi, shi ne tamarsu. Sai a gina doguwar tukunyar narka ta ƙasa, a zuba gawayi da tama. Mai zuga yana zaune a can sama, iska na gangarowa ta wani dogon bututun yumɓu har cikin wutar. A wuni ana zuga, sannan a fito da dunƙulen ƙarfen da za a ƙera fartanya da lauje. Gardi ya ɗauki wannan aiki daki-daki, ya fitar da littafi a kansa a 1954.

A 1959 shi da wani ɗan ƙasarsu, Charles Zbinden, suka yi fim mai suna Mandara, aka nuna shi a bikin fina-finai na Berlin a 1960. Duba shekarar da kyau. Ita ce shekarar da Kamaru ta sami 'yanci, Ahmadu Ahidjo ɗan Garwa ya zama shugaban ƙasa. Amma wanda ya zauna a sinima a Turai ba zai taɓa jin ƙamshin wannan canji ba. Abin da aka nuna masa mutanen dutse ne da ba su san kuɗi ba, ba su san zamani ba.

To ina kai a ciki, ɗan kasuwa? Ina ke, mai tallar nono? Mutanen dutse suna saukowa kasuwa, ƙarfensu na zuwa ƙasa, gishiri da tufa na hawa sama, ga haraji na Faransawa a kan kowa. Duk wannan ba shi Gardi ya zo nema ba. Har wani littafinsa na 1955 ya sa masa suna Kirdi, kalmar da mutanen dutse da yawa ke ɗauka zagi ce.

A 2019 wani matashin mai shirya fim na Suwizalan, Mischa Hedinger, ya buɗe ajiyar Gardi, ya haɗa fim mai suna African Mirror daga hotunansa da wasiƙunsa da littattafan da yake rubuta abin da ya faru kullum. Nan aka ga cewa Gardi kan shirya wasu abubuwan da kansa kafin a ɗauka, yana kuma kauce wa duk abin da zai nuna zamani ya iso.

Duk da haka kada mu yi masa rowar gaskiya. Da ƙarafan tsofaffin motoci suka cika kasuwa, narkar tama ta mutu a duwatsun. Jikan maƙeri da ke son ganin aikin kakansa yau, hotunan Gardi na cikin 'yan abubuwan da suka rage masa, su ma suna ajiye a Turai.

Yanzu kyamara na aljihunka. Ranar kasuwar kan iyaka, ko ranar da za ku tashi da garke, ɗauki abin da kake gani, ka nemi izinin mai fuska, ka faɗi sunan gari da shekara. Ka nemi tsohon maƙeri ko tsohon falke a unguwarku, ka naɗi bakinsa tun yana da rai, ka tura wa 'ya'yanka su ajiye.