Malam Muhammadu al-Katsinawi da Ilmin Taurari

Cikin shekara ta 1741, watau 1154 ta Hijira, wani malamin ƙasar Hausa ya rasu a birnin Alkahira. Sunansa Muhammadu ɗan Muhammadu, Bafillace, mutumin Katsina, wanda Larabawa su ke rubutawa al-Kashnawi. A gidan Shaihu Hasan al-Jabarti ya cika, shi kuwa Shaihu Hasan yana daga cikin manyan masu ilmin falaki na Masar a zamaninsa. Shi marigayin ya bar wa wasiyyar dukiyarsa da littattafansa, shi kuma ya binne shi a maƙabartar da a ke kira Bustanul Ulama. Ɗan mai gidan, Abdurrahman al-Jabarti, wanda aka haifa fiye da shekara goma bayan wannan rasuwa, shi ya adana labarin cikin littafinsa na tarihin Masar, Aja'ibul Asar.

Malam Muhammadu ya yi karatunsa tun a ƙasashen Sudan ta Tsakiya. Daga cikin malamansa akwai Shaihu Muhammadu al-Wali na Bagarmi, da Shaihu Muhammadu Bindu wanda ya buɗe masa ƙofar hisabi. Wajen 1730 ya tafi aikin hajji, daga baya ya zarce Masar ya zauna. Abin lura a nan shi ne ya isa can da ilminsa a ka, har Shaihu Hasan da kansa ya karanci ilmin hatimai a gabansa. Bai tsaya ga hisabi kaɗai ba, ya wallafa littafi kan manɗiƙi mai suna Manhul Ƙuddus, da wani kan nahawu mai suna Bulugul Arab.

Littattafansa biyu sun fi sauran shahara. Na farko Bahjatul Afaƙ, na 1732, wanda ya ƙunshi ƙa'idodin tsara hatimi. Hatimi dai gidaje ne da a ke cikawa da lambobi, ta yadda ko ta ina aka tara, a tsaye ko a kwance ko a karkace, jimla ɗaya za a samu. Mai gida uku uku yana ɗaukar lambobi daga 1 zuwa 9: a jere na sama 4, 9, 2; na tsakiya 3, 5, 7; na ƙasa 8, 1, 6; ko wane layi 15 ke nan. Mai gida biyar biyar kuwa jimlarsa 65. Malam Muhammadu ya bayyana hanyoyin cika irin waɗannan hatimai masu gidajen mara, ba da laluɓe ba, bisa ƙa'ida wadda ɗalibi zai bi ya dace ko wane lokaci. Na biyu shi ne Durrul Manzum, kan taurari da ɗalasimai, wanda ya ɗora bisa wani tsohon littafi da a ke dangantawa ga Fakhruddin ar-Razi.

To, wace irin samaniya ce ke cikin waɗannan littattafai? Ita ce ta mutanen da, wadda Baɗlaimusu na Iskandariya ya tsara cikin ƙarni na 2: ƙasa a tsakiya tana tsaye cik, bakwai masu yawo suna kewaya ta, watau wata, Uɗaridu, Zuhura, rana, Mirrihu, Mushtari da Zuhal. Alhali tun 1543, shekara 198 kafin rasuwarsa, an buga littafin Kofanikus a Nurembag ta Jamus. Shi Kofanikus an haife shi a Torun ta ƙasar Polan cikin 1473, ya yi yawancin rayuwarsa yana hidimar majami'ar Forombok, ya mutu a shekarar da littafin ya fito. Ya ce rana ce a tsakiya, ƙasa kuwa tana juyawa sau ɗaya a yini da dare, tana kuma kewaya rana sau ɗaya a shekara. Sabo da haka kuskure ne a ce malamin Katsina takwaran Kofanikus ne wajen sauya wa duniya fahimta, kuma ba ya bukatar a ɗinka masa rigar da ba tasa ba.

Amma fa kuskure ne kuma a ɗauka mutanen biyu ba su haɗa rijiya ba. Kofanikus ya ambaci al-Battani sau da dama cikin littafinsa. Wata dabarar lissafi ta da'ira biyu da ya yi aiki da ita, Nasiruddin aɗ-Ɗusi, wanda ya rasu 1274, ya riga shi bayyana ta. Cikin 1957 kuma wani manazarci, Victor Roberts, ya nuna tsarin tafiyar wata na Kofanikus daidai ya ke da na Ibnu Shaɗir, mai kula da lokutan salla a babban masallacin Dimashƙa, wanda ya rasu 1375. Ilmin falaki na harshen Larabci, wanda ya haɗa Bakatsine da Bamisire a zaure guda, shi ne dai ya ratsa ya kai Turai.

Wani reshe na wannan ilmi ya sauka har gonakin ƙasar Katsina da maƙwabciyarta Daura, inda damina gajeriya ce, kuskuren shuka kuwa hasarar iri ce. Malaman hisabi suna raba shekara taurari 28, ko wanne kwana 13, sai Jabha mai kwana 14; jimla kwana 365. Bakwai ga ko wane yanayi. Na damina su ne Haƙa'a, Hana'a, Zira'a, Nasara, Ɗarfa, Jabha da Harsan. Surayya, wadda Hausawa su ke kira Kaza da 'Ya'yanta, tana cikin na ƙarshen bazara. Tun da watannin Musulunci suna ja da baya da kwana 11 ko wace shekara, ba su nuna wa manomi lokacin ruwa. Wannan lissafi na taurari shi ke bin rana, shi ya sa ya ke yi wa mai gero amfani.

Sunan Malam Muhammadu ya sake fitowa fili cikin 1967, sa'ad da Hasan Ibrahim Gwarzo ya buga nazari a kansa a Ibadan, sa'an nan Claudia Zaslavsky ta kawo hatimansa cikin littafinta na lissafin Afirka a 1973. Abin da ya rage yana hannun malaman makarantu. In aka koya wa yaro a Daura cewa ƙasa ke kewaya rana, aka bar shi da zaton lissafin kakansa tatsuniya ce, an yi masa ɓarna. Kamata ya yi a nuna masa dalilin da ya sa Kaza ta kan ɓuya cikin bazara, ta sake ɓullowa gabas da asuba wajen farkon damina: ƙasa ce ta matsa bisa hanyarta, hasken rana ya bar kan waɗannan taurari. Kakan ya ƙidaya kwanakin daidai, Kofanikus ya faɗi sababin, ɗalibin kuwa yana da gādo ta wajen su duka biyu.