Rawani Ba Sanda: Littattafan Tsarin Mulkin Ingila da Gadon da Suka Bar Wa Birnin Gwari

Ingila ta rubuta wa ƙasashe da dama kundin tsarin mulki, amma ita kanta ba ta da kundi guda da za a ɗauko a ce ga shi. Abin da take da shi tarin dokoki ne na zamuna daban-daban, da hukunce-hukuncen alƙalai, da al'adun da aka saba bi. Don haka duk mai son sanin yadda ake mulkin ƙasar sai ya koma ga littattafan malamanta. Waɗannan littattafai su ne abin karatun jami'o'in da suka yaye Razdan-Razdan da Di'o-Di'on da aka turo Arewa, daga baya kuma suka shiga hannun ɗalibanmu na shari'a da sha'anin mulki a Kongo ta Zariya.

Uku daga cikinsu sun isa misali. Na farko shi ne The English Constitution na Walter Bagehot (Bajot ake furta sunan), wanda ya fito a 1867. Ɗan jarida ne, kuma da idon ɗan jarida ya raba mulkin ƙasarsa gida biyu: ɓangaren kwarjini, wato gidan sarauta, wanda ke sa talaka ya so hukuma ya kuma girmama ta, da ɓangaren aiki, wato Firayim Minista da ministocinsa, waɗanda ke riƙe da kuɗi da soja da doka. A ganinsa abin da ya rage wa sarki bai wuce a nemi shawararsa ba, ya ƙarfafa gwiwa, ya yi gargaɗi. Na biyu shi ne littafin A. V. Dicey na 1885, wanda ya bambance doka, wadda kotu ke tilasta bin ta, da al'adar mulki, wadda babu kotun da za ta tilasta ta amma kowa yana jin kunyar karya ta. Na uku darussan tarihi ne na F. W. Maitland, da aka buga a 1908 bayan rasuwarsa.

Na Maitland ne ya fi tsayar da ni, domin shi ke nuna tsawon tafiyar. A 1215 manyan ƙasa suka tilasta wa Sarki John amincewa da yarjejeniyar Magna Carta. A 1649 aka fille kan Charles na Ɗaya. A 1689 aka yi dokar da ta hana sarki ɗora haraji ba da yardar majalisa ba. Tun 1708 kuma babu sarkin da ya sake ƙin sa hannu a dokar da majalisa ta zartar. Kusan shekara 500 ke nan ana zare iko daga fada sannu a hankali, kuma duk abin da aka zare, akwai hannun da ya riga ya shirya karɓarsa.

A Arewa an yi wannan tafiya a ƙasa da shekara talatin. Mulkin da Lugard ya shimfiɗa bayan cin Kano da Sakkwato a 1903 bai mai da sarakuna abin ado ba; akasin haka ya yi. Sarki ne shugaban En'e, a ƙarƙashinsa akwai baitulmali, da kotun alƙali, da gidan yari, da dogarai da 'yan doka, shi kuma Razdan yana tsaye a bayansa. Birnin Gwari ma tana da tata En'en a cikin Lardin Zazzau. Idan aka auna da ma'aunin Bagehot, sarkin wancan zamani shi ne kwarjinin, shi ne kuma aikin.

Tsarin mulkin Richards na 1946 ya kawo Majalisar Sarakuna da Majalisar Wakilai a Kaduna, kwaikwayon majalisu biyu na Landan. A watan Agusta na 1950 Malam Abubakar Tafawa Ɓalewa ya miƙe a majalisa ya nemi a yi wa tsarin En'e garambawul, dokar En'e ta 1954 kuma ta ɗaure sarki da 'yan majalisarsa. Sojoji ne suka ƙarasa aikin. Tsakanin 1966 da 1970 aka karɓe kotuna da gidajen yari da 'yan doka, gyaran ƙananan hukumomi na 1976 ya miƙa sauran ga ciyaman da kansiloli, sannan gwamnatin Balarabe Musa ta soke haraji da jangali a Jihar Kaduna. Kundin 1979 ya bar wa sarakuna majalisar ba da shawara. Na 1999 ko wannan bai bari ba.

Ba kukan komawa baya nake yi ba. Wanda ya san abin da 'yan NEPU suka sha a hannun 'yan doka da wasu kotunan En'e, na bulala da ɗauri saboda sun yi taro ko sun ɗaga tuta, ba zai yi begen wancan zamani ba. Irin wannan tsoro ne ma ya sa Hukumar Willink ta 1958 ta karkata ga rundunar 'yan sanda guda ta ƙasa baki ɗaya. Raba rawani da sanda daidai ne. Tambayar ita ce, a hannun wa aka ajiye sandar, kuma ina yake zaune?

A nan ne karatunmu na littattafan ya tsaya a rabin shafi. Lokacin da Bagehot ke rubutu, dokar 1856 ta riga ta wajabta wa kowace gunduma a Ingila da Wales ta kafa 'yan sandanta, har yau kuma rundunonin yankuna 43 ne ke tsaron ƙasar. Ikon da ya bar fada bai tattara duka a Landan ba, wani ya tsaya kusa da ƙauye. Mu kuwa sashe na 214 na kundin 1999 ya ce runduna ɗaya ce tak, ba a yarda a kafa wata ba. Kwamishinan 'yan sanda yana Kaduna, mai ba shi umarni yana Abuja, dajin Kamuku da na Kuyambana kuma suna nan inda suke.

Mutumin Kakangi ko Randagi ba ya bukatar a fassara masa wannan sashe. Ya ga shekarun da hanyar Kaduna ta zama ta kasada, ya ga gonakin da aka bari ciyawa ta cinye, ya ga harajin da gwamnati ta soke ya dawo ta hannun 'yan bindiga, ana biya kafin a yi shuka, a sake biya kafin a kwashe amfani. Idan abu ya faru, wajen mai unguwa da dagaci yake fara zuwa, su kai wa hakimi, hakimi ya kai fada. Sarkin Birnin Gwari, Malam Zubairu Jibril Mai Gwari na Biyu, ya sha fitowa ya faɗi halin da talakawansa ke ciki. Wannan shi ne gargaɗin da Bagehot ya bar wa sarki. Sai dai sarkin Ingila yana yin nasa ne ga Firayim Ministan da al'ada ta ɗora wa zuwa fada a kai a kai ya saurara. Namu kuwa babu doka, babu al'adar da ta ɗaure wani ya amsa.

A ƙarshen 2024 gwamnatin Jihar Kaduna ta sanar da sulhu da 'yan daji, aka sake buɗe karar dabbobi ta Birnin Gwari bayan shekaru tana rufe, motoci suka koma hanya. Sulhun bai dogara da wani sashe na kundi ba. Da ma'aunin Dicey, al'ada ce, kuma sabuwa. A ƙasarsa jin kunya da tsoron faɗuwa zaɓe ne ke tsare irinta. Ranar da wani ya saɓa wannan, manomin Kakangi ba shi da kotun da zai kai ƙara.