Burusli: Baƙo a Gida Biyu

A gidan kallon unguwarmu a Mafaza na fara ganinsa, lokacin ina yaro. Rumfa ce ta buhu da zana, ga janareto na ta ƙugi, ga yara mun cika ƙasa bayan an gama yankan riɗi kuɗi sun ɗan shigo hannu. Burusli muke ce masa. Ba ma jin yaren fim ɗin, amma mun san wanda aka zalunta da wanda zai rama. Sai da na fara aikin rediyo na bi tarihinsa, na gane dalilin da ya sa ya shiga ranmu.

An haifi Bruce Lee ranar 27 ga Nuwamba 1940 a San Francisco ta Amurka, lokacin da mahaifinsa, Lee Hoi-chuen, ɗan wasan dandali, ya je yawon wasa can. Yana jariri aka koma da shi Hong Kong, inda ya tashi cikin mamayar sojojin Japan. Kafin ya cika shekara 18 ya fito a finafinai kusan 20. Ya koyi faɗan Wing Chun a wajen malam Ip Man, amma wasu ɗaliban suka ƙi yin atisaye da shi saboda mahaifiyarsa tana da jinin Turawa. A ganinsu shi ba cikakken ɗan ƙasa ba ne.

Da faɗan titi ya yi yawa, iyayensa suka tura shi Amurka a 1959. A Seattle ya yi aikin gidan abinci, ya shiga Jami'ar Washington, ya buɗe makarantar koyar da faɗa, yana karɓar baƙi da farare da 'yan Asiya ba bambanci. A 1966 ya samu fitowa a matsayin Kato a shirin talabijin The Green Hornet, direba mai rufe fuska, yaron jarumi. Nan ma aka tsaya: masu shirya fim ba su yarda ɗan Sin ya ja ragamar shiri ba. Da aka tashi yin shirin Kung Fu a 1972, Bature David Carradine aka bai wa.

Shi kuwa tuni ya koma Hong Kong wajen kamfanin Golden Harvest. The Big Boss na 1971 labarin leburorin masana'antar ƙanƙara ne a Thailand, baƙin haure da maigida ke cuta. A Fist of Fury na 1972 ya yi tsalle ya farfasa allon da ya hana karnuka da 'yan Sin shiga lambu. A wannan shekarar ya kara da Chuck Norris a Way of the Dragon. Ya rasu ranar 20 ga Yuli 1973 sakamakon kumburin ƙwaƙwalwa, yana da shekara 32, kafin fitowar Enter the Dragon, fim ɗin da ya kai sunansa ko'ina. A Seattle aka binne shi.

Mu Hausawan Sudan mun san wannan ciwon. Kakanninmu sun biyo hanyar Makka, wasu sun yi hijira bayan yaƙin Burmi na 1903, suka zauna a Mai Wurno da bakin kogin Rahad, suka noma dawar Gadarif da hannunsu. Duk da haka har gobe akwai mai ce mana Takari ko Fallata da nufin mu baƙi ne. Idan kuma muka je Kano, da mun buɗe baki a ce ga ɗan Sudan.

Bruce Lee bai zauna jiran a yarda da shi ba. Ya koyar da duk wanda ya zo, ya rubuta fim ya ba da umarninsa da kansa, har waɗanda suka hana shi a Amurka suka biyo shi Hong Kong da kuɗinsu. Yaran rumfar nan mun kwaikwayi ihunsa da naushinsa, wannan ɗayan darasin ne muka makara wajen ɗauka.