Kabi, Daular da Fadama Ta Tsare

Wanda ya tashi daga Zongo a Yamai ya kama hanyar Doso, ya gangara Gaya, ya ƙetare iyaka ta Kamba, to ya shiga ƙasar da ruwa ya fi takobi faɗa a ji a tarihinta. Gulbin Kabi na malala cikin faffaɗar fadama kafin ya zuba a Kwara. Da damina ruwa kan shafe ta, garuruwan tudu su koma tsibirai. In ya janye sai ya bar laka mai riƙe ƙafar doki, sannan hunturu ya sauko da hazonsa. A zamanin da doki ne ƙarfin sarauta a ƙasar Hausa, Kabawa suna zaune inda doki ba shi da ta cewa tsawon watanni a shekara. Suna da shinkafa, suna da kifi, kuma sun san mashigi.

Muhammadu Kanta ne ya mai da wannan fadama daula. Ya raka Askiya Muhammadu na Songhai yaƙin Agadas, aka saɓa wajen rabon ganima, sai ya yi tawaye wajen 1516. Songhai a lokacin ita ce babbar daular yammacin Sudan, amma ta kasa mai da shi ƙarƙashinta. Askiya Muhammadu Benkan, wanda ya yi mulki daga 1531 zuwa 1537, ya sake gwadawa, aka karya rundunarsa a Wantarmasa. Littafin Tarikh al-Sudan na Abdurrahman al-Sa'adi ya ba da labarin gudun da aka yi: laka ta tare hanya, har sai da wani babban hafsa ya goya Askiya ya fid da shi. Marubucin mutumin Tumbuktu ne, ba shi da dalilin yi wa Kabi kirari, shi ya sa shaidarsa take da nauyi.

Kanta ya gina Surame da ganuwar dutse da ƙasa, wadda kufanta ke nan har yau a jihar Sakkwato. Ya kara da Barno, kuma a kan hanyar dawowa daga wannan yaƙi aka harbe shi da kibiya a ƙasar Katsina, ya rasu a tsakiyar ƙarni na 16. Bayansa ƙarfi ya yi ta raguwa, Gobir da Zamfara suka taso, aka bar Surame a farkon ƙarni na 18 aka koma Birnin Kabi.

A watan Afrilun 1805 rundunar jihadi ƙarƙashin Abdullahi ɗan Fodiyo ta ci Birnin Kabi, Sarki Muhammadu Hodi ya fice. A lura da watan: tsakiyar bazara ce, fadama ta bushe, doki ya sami hanya. Duk da haka cin birni bai zama cin ƙasa ba. Kabawa suka ja da baya cikin kwarin gulbi, Argungu ta zama sabuwar cibiya. An kashe Sarki Karari a 1831, aka tafi da ɗansa Yakubu Nabame Sakkwato, ya zauna can shekaru masu yawa kafin a sake shi.

Abin da ya biyo baya ya shafe mu kai tsaye a nan Nijar. A 1849 Nabame ya ɗaga tutar tawaye, kuma bai yi shi kaɗai ba. Arawa suka shiga, Dandawa suka shiga, Zabarmawa suka shiga ƙarƙashin mayaƙa irin su Dauda Bugaran da Isa Korombe mutumin Koigolo, waɗanda suka fuskanci Fulanin Tamkala masu biyayya ga Gwandu a Dallol Boso. Bajamushe Heinrich Barth ya bi ta Gwandu zuwa garin Sai a 1853, ya tarar hanya ba lafiya saboda wannan yaƙi. An kashe Nabame a 1854, amma ƙawancen bai watse ba, har Gwandu da Sakkwato suka yarda da sulhun da ake kira Lafiyar Toga, da sunan Sarki Abdullahi Toga, wajen 1867. A ganina wannan ne muhimmin abu a tarihin Kabi, kuma shi aka fi mantawa: al'ummomi masu harsuna daban, daga Argungu zuwa Doso da Gaya, sun tsaya tare shekara da shekaru, domin kwari ɗaya da kasuwa ɗaya suka haɗa su.

Sulhun bai daɗe ba. Sarki Sama'ila, wanda ya hau a 1883, ya karya rundunar Sarkin Musulmi Abdurrahman a Argungu a farkon shekarun 1890. Daga nan Sakkwato ba ta ci garin ba har zuwan Turawa. Faransa ta kafa sansani a Doso a 1898, Ingila ta shiga Argungu, yarjejeniyar 1906 ta ja layi tsakanin tsofaffin abokan yaƙi.

A 1934 Sarkin Musulmi Hasan ɗan Mu'azu ya ziyarci Argungu, aka tarbe shi da su, wato kamun kifi, a ruwan Matan Fada, gaba ta ƙare a hukumance. Daga nan bikin kamun kifi ya samo asali, inda masunta ke faɗawa ruwa da homa da gora, kuma UNESCO ta sa shi cikin gadon al'adun duniya a 2016. Sai dai fadamar kanta ta sauya tun da aka gina madatsun Bakolori da Goronyo a saman gulbi, ambaliyar da manoman shinkafa da masunta suka dogara da ita ba ta zuwa kamar da.

Malaman tarihi na makarantunmu, in kun zo kan Isa Korombe, ku haɗa da Nabame da Argungu, domin yaƙin guda ne.