Suna Linzami: Yadda Turkawa Suka Sami Sunan Zuriya a 1934

Duk wanda ya taɓa cika takardar neman fasfo, ko ya tsaya gaban ma'aikacin shige da fice a Jidda ko a Landan, ya san suna iri biyu ake tambayarsa: nasa na yanka, da kuma wani wanda ake kira sunan zuriya, watau sunan da uba da 'ya'yansa da jikokinsa za su yi tarayya a cikinsa har abada. Mutane da yawa suna tsammani haka duniya ta taso. Amma in aka bi tarihi, za a tarar al'adar nan ba ta daɗe ba a yawancin ƙasashe, kuma galibi hukuma ce ta kawo ta, domin ta san wanda za ta karɓi haraji a hannunsa, da wanda za ta ɗauka soja, da wanda gado zai faɗa wa.

A Ingila abin ya zo ne sannu a hankali. Bayan da Normawa suka ci ƙasar a 1066, manyan masu ƙasa ne suka fara gadon suna, sa'an nan talakawa suka bi, har ya zama wajen 1400 yawancin gidaje suna da nasu. Sunayen kuwa daga sana'a ko uba ko gari suka fito. Smith maƙeri ne, Taylor tela ne, Johnson kuwa ɗan John. Maƙerin nan shi ne Schmidt a Jamus, shi ne Ferrari a Italiya, shi ne kuma Haddad a wurin Larabawa. A wasu ƙasashe kuwa rana ɗaya aka kafa doka. A tsibiran Filifin, gwamnan Sifaniyawa Narciso Claveria ya sa aka buga kundin sunaye a 1849, aka rarraba wa garuruwa, shi ya sa akwai garin da yawancin mutanensa sunansu da harafi ɗaya ya fara. Japan ta wajabta wa kowa sunan zuriya a 1875. Amma da wuya a sami inda labarin ya fito fili kamar ƙasar Turkiyya.

A zamanin Daular Usmaniyya, Baturke yana amsa suna ne kamar yadda Bahaushe yake amsawa. Akwai sunan yanka, galibi na Musulunci, irin su Ahmad da Mustafa da A'isha. In an so a bambanta shi da takwaransa, sai a haɗa da sunan ubansa, ko na garinsu, ko sana'arsa, ko wani laƙabi da ya bi shi. Bayan wannan akwai sunayen girmamawa: Fasha ga janar ko waziri, Bey da Efendi ga masu muƙami da masu ilmi, Hoja ga malami, Haji ga wanda ya sauke farali. Manyan gidaje kaɗan ne suke da sunan gado, kamar zuriyar Koprulu, wadda ta ba daular manyan wazirai da dama tun daga 1656. Shi kansa mutumin da ya kafa jamhuriyar, Mustafa kaɗai aka raɗa masa a birnin Salonika. An ce malaminsa na lissafi ne ya ƙara masa Kamal, watau cikar kamala.

Da aka kafa jamhuriya a 1923, sai Mustafa Kamal ya shiga sauya fuskar ƙasar ba ƙaƙƙautawa. A 1925 aka hana sa jar dara, a 1927 aka yi ƙidayar jama'a ta farko, a 1928 aka bar rubutun Larabci aka koma haruffan boko. Gwamnati irin wannan, mai son ta rubuta kowa a littafi, ba za ta iya aiki da ƙauyen da ke da Ahmad ɗan Mahmud guda biyar ba. Saboda haka ran 21 ga watan Yuni 1934 Majalisar Dokoki da ke Ankara ta zartar da Dokar Sunan Zuriya, ta fara aiki a farkon 1935. Aka ba kowane mai gida shekara biyu ya zaɓi suna ya kai a rubuta. Wanda ya yi sakaci, hukuma ce za ta zaɓa masa. Mutanen ƙasar a lokacin sun kai kimanin miliyan 16.

Majalisa ta fara da shugaban ƙasa. Ran 24 ga Nuwamba 1934 ta raɗa masa Ataturk, ma'anarsa Uban Turkawa, kana a watan Disamba ta hana kowa ɗaukar wannan suna. Ko ƙanwarsa Makbule ba ta samu ba, sai ta zama Atadan. Kwana biyu bayan raɗin sunan nasa aka soke su Fasha da Bey da Efendi da Hoja da Haji daga takardun hukuma, don kada wani ya fi wani a gaban doka. Shi kuma Ataturk ya riƙa raɗa wa na kusa da shi suna da bakinsa. Firayim Ministansa Ismat Fasha ya zama Inonu, sunan wurin da ya gwabza da sojojin Girka sau biyu a 1921. Yarinyar da ya riƙa, Sabiha, ya kira ta Gokcen, watau ta sararin sama. Abin mamaki, bayan haka ne ta koyi tuƙin jirgi, har ta zama mace ta farko a ƙasar da ta tuƙa jirgin yaƙi, kuma ɗaya daga cikin filayen jirgin saman Istambul sunanta yake amsawa.

Talakawa fa, me suka zaɓa? A nan ne ake ganin bambanci da Ingila. Sunan Bature ya faɗi abin da kakansa ya kasance, na Baturke kuwa sau da yawa ya faɗi abin da kakansa ya so a ce shi ne. Sunan da ya fi yawa a ƙasar shi ne Yilmaz, wanda ba ya karaya. Sai su Kaya, watau dutse, Demir, baƙin ƙarfe, Shahin, shaho, Yildiz, tauraro, Aslan, zaki, Ozturk, Baturke tsantsa. Mai karatu zai ga sun yi kama da kirari, kuma lalle kirarin ne, na mutanen da suka fito daga yaƙe-yaƙe na fiye da shekara goma suna neman abin da za su yi tutiya da shi. Marubucin nan mai ban dariya, Aziz Nesin, da ya ga kowa yana wawason sunayen jarumta, sai ya ɗauki Nesin, wadda tambaya ce a harshensu: kai mene ne?

Sai dai zaɓin yana da iyaka, kuma a iyakar nan ne manufar gwamnati ta bayyana. Doka ta hana sunan muƙami, da sunan ƙabila, da na wata al'umma ta waje, da sunan da ya saɓa wa ladabi ko mai jawo dariya. Ƙa'idojin da suka biyo baya sun ce a ɗauko suna daga harshen Turkanci, sun kuma hana ƙarshen suna irin na wasu harsuna, kamar "yan" na Armeniyawa, da "pulos" na Girkawa, da "zade" na Farisanci. Wanda yake son ya ce ɗan wane, sai ya yi amfani da "oglu". Ta haka Bakurde ya rasa damar rubuta sunan ƙabilarsa, wasu Armeniyawa da Girkawa da Yahudawa kuma suka shiga rigar sunan Turkanci. Masanin harshe Agop Martayan, Ba'armene, Ataturk ya raɗa masa Dilacar, mabuɗin harshe. Girmamawa ce babu shakka, amma sunan kakanninsa ya koma baya.

Bayan shekara hamsin sai reshe ya juye da mujiya. A ƙarshen 1984 da farkon 1985 gwamnatin 'yan gurguzu ta Bulgeriya ta tilasta wa Turkawan ƙasarta, dubban ɗaruruwa, su bar sunayensu na Musulunci su ɗauki na Bulgeriyawa. An yi zanga-zanga, an rasa rayuka, kuma a 1989 fiye da mutum 300,000 suka ƙetara iyaka zuwa Turkiyya. Sai bayan faɗuwar gwamnatin a ƙarshen shekarar aka ba su izinin komawa ga sunayensu. Mutumin da zai bar gona da gida saboda suna, ya nuna cewa sunan ya wuce abin rubutawa a littafin haraji.

Mu Hausawa ba a taɓa kafa mana doka irin ta Ankara ba, amma littafin hukuma ya yi mana aikinsa a hankali. Sunayenmu na gargajiya labarin haihuwa suke bayarwa: Ɗanladi da Jummai ranar da aka zo duniya, Tanko namijin da ya biyo mata, Gambo mai bin tagwaye. Ba a gadonsu. Da makarantun boko suka zo, aji ya cika da Abubakar da Muhammadu, sai aka riƙa bambanta yara da garuruwansu. Daga nan muka sami Abubakar Tafawa Ɓalewa, da Aminu Kano, da Shehu Shagari, da Sa'adu Zungur. 'Yan'uwanmu da suka zauna a ƙasa mai tsarki kuwa, asalinsu ne ya zama sunan gidansu, shi ya sa ake jin Hausawi da Barnawi da Fallata a Makka da Madina.

Hausawa suna cewa suna linzami ne. Tarihin Turkiyya ya ƙara mana da cewa ya kamata a duba hannun da ke riƙe da linzamin. Mai gidan da ke zaune a Kumasi ko Ingila ko Amurka, ran da ya cika gurbin nan na sunan zuriya a takardar haihuwar ɗansa, yana yin abin da Baturke ya yi ne a 1935. Abin da ya rubuta, ko sunan ubansa, ko na kakansa, ko na garin da suka baro, shi jikokin da ba zai gani ba za su amsa.