Birnin Kebbi da Argungu: Garuruwan da Shinkafa ta Sake wa Fasali

Fadama ɗaya ce ta haɗa Birnin Kebbi da Argungu, wadda Gulbin Kabi ke shayarwa. Birnin Kebbi ne mazaunin sarakunan Kabawa, zuriyar Kanta, har shekarar 1805 da rundunar jihadi ta ci garin, daga baya Kabawa suka kafa gadonsu a Argungu. Yau Sarkin Gwandu ke zaune a Birnin Kebbi, wanda ya zama hedikwatar jiha a 1991. Argungu kuwa ta yi suna da bikin kamun kifi da aka faro a 1934.

Shinkafa ta daɗe a wannan fadama. A da mata ne ke turara ta a tukunya, su shanya, su surfa a turmi, sauran kuma fatake su kwashe ta shanshera, ribar gyara ta tafi wani gari. Abin ya sauya a Nuwamban 2015, lokacin da Shugaba Muhammadu Buhari ya ƙaddamar da shirin rancen manoma na Babban Bankin Najeriya a Jihar Kebbi. Noman rani ya bunƙasa, injinan ban ruwa suka cika fadama. A ƙarshen 2016 Kebbi da Legas suka fito da shinkafar Lake Rice, sannan a Agustan 2017 Muƙaddashin Shugaban Ƙasa Yemi Osinbajo ya buɗe masana'antar shinkafa ta WACOT a Argungu, mai iya sarrafa tan 120,000 a shekara a lokacin. A Birnin Kebbi ma akwai kamfanin Labana.

A irin waɗannan masana'antu, tururi ke dafa shanshera, na'ura ta busar, ta cire ɓuntu da tsakuwa. Akwai wadda ke duba launin kowace ƙwaya da kyamara, ta hure baƙa da iska ta bar fara. Da haka shinkafa 'yar gida ta fara gogayya da 'yar waje a kasuwa. Dillalai, direbobi, 'yan dako da masu gyaran inji duk suka samu abin yi.

Sai dai masana'anta ba ta aiki in manomi bai girbe ba. Ambaliyar 2020 ta cinye gonaki masu yawa, cire tallafin fetur a 2023 ya tsawwala kuɗin ban ruwa. Ɗorewar wannan arziki tana wuyan hukuma da kamfanoni: su samar wa manomi famfo mai aiki da hasken rana, iri mai kyau, da farashin da zai mayar masa da guminsa.